Angona Ya Rufe Mini Ƙofa a Shafin Aiki

Litinin, 3 ga Maris
An ƙara wa angona girma a wurin aiki. Jikana na fari, mai raina girkina. Ba shi ya gaya mini ba, a shafin nan na ma'aikata na gani, wanda 'yata, uwarsa, ta buɗe mini don tallar ɗinkina. Tunda ya yi nisa can kaɗai nake ganin fuskarsa. Kowa sai "muna taya murna", har shugabansu, ba gishiri. Ni kuwa na rubuta musu yadda zakara ya taɓa korarsa har bayan injin ɗinkina, wando a jiƙe. Mutum ya san asalinsa mana!

Talata, 4 ga Maris
Na nemi sunansa, babu. Na ɗauka idona ne, na goge tabarau.

Juma'a, 7 ga Maris
Tsofaffin saƙonninmu suna nan, amma inda hotonsa yake sai wani kai fari fat, ba ido ba baki. Na danna, wai ba a sami shafin ba. Uwarsa ta ce, "Mama, ƙila rufewa ya yi gaba ɗaya." Tana faɗa tana kallon labule.

Asabar, 8 ga Maris
Na je wurin mai kemis, maƙwabcinmu. Ya ce gane abin ba wuya, a nema da wayar wani. In babu a can ma, rufewa ya yi. In akwai...
Akwai. Ga shi nan da kwat, yana murmushi, har da sabon rubutu na jiya.
"Hajiya, ke kaɗai ce ba ya fito wa."
Na ce to, ango ya yi yaji, a bar shi ya huce. Muka yi dariya. Na dawo ban karɓi maganin ƙafar da na je saya ba.
Ashe ba a sanar da mutum. Ko sallama.

Lahadi, 9 ga Maris
Na kira shi. Wayar ta yi ta ringi.

Laraba, 19 ga Maris
Ƙanwarsa ta kawo mini sakamakon jarrabawa, ta yi ta ɗaya. Tsiya ta zo mini har bakin leɓe, mai daɗi kuwa. Na ce Allah Ya yi albarka.
Ta tsaya tana jiran sauran.
"Kaka, ba ki da lafiya ne?"
Lafiyata lau. Zare nake nema.