Mama da Baba a Kwalekwale Ɗaya

Zuwa ga Yayata abar ƙaunata,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki da yara, Ya kuma yaye miki ciwon bayan da kika ambata. Mu nan lafiya lau muke. Ƙafar Gwaggo ta yi sauƙi har ta koma yawon gidajen mutane, Auta ya gama jarrabawa yana gida yana cinye mana abinci, ni kuma ina shago, ɗinki ya yi yawa sai godiya. Na zaɓi rubutu maimakon waya ne saboda duk sanda na ɗaga waya a gidan nan sai in waiga in ga Mama a bayana tana share wurin da ba shi da datti.

Kin tambaye ni yaushe Mama za ta taso don ki gyara mata ɗaki. Zan ba ki amsa, amma sai kin bi ni a hankali, don ni ma kaina a ɗaure yake. Kin dai san tun da Baba ya ajiye tuƙin babbar mota ya dawo gida, ya rasa abin yi har ya sare bishiyar lemon Mama don ya kafa rumfa, ba su ƙara yi wa juna magana ba. Bishiyar da ta dasa shekarar da aka haifi Auta fa. Ba faɗa, ba ɗaga murya, ni ce kawai na zama 'yar aike. Suna zaune a falo ɗaya, Mama ta ce in gaya wa babana abinci na kan tebur, Baba ya ce in gaya wa mamata ya gode. Abin da na ɓoye miki shi ne, akwatin da Mama ta haɗa ba na mai zuwa hutu ba ne. Babban nan ne mai hannu biyu, har hotunanmu na yarinta ta sa a ciki, ta ajiye shi a bakin ƙofar falo. Da na tambaye ta yaushe za ta dawo, cewa ta yi in je in duba tukunya. Yaya, tsoro ya kama ni ƙwarai, don na gane in ta fita ba dawowa za ta yi ba.

Auta ne ya zo da dabara. Ya gani a wayarsa akwai masu kai mutane yawon yini guda a kogi, cikin ƙananan kwalekwalen roba masu cin mutum biyu, waɗanda suke kira kayak, a ratsa wani kogo, a tsaya a ƙauyuka biyu. Ya ce in aka saka su a guda ɗaya dole su yi magana ko su sha ruwa. Na ce masa ya yi hauka, Mama da ko gada aka hau sai ta rufe ido. Amma da na kai mata zancen, sai ta ce za ta je, ta ga ruwan ƙasarta kafin ta tafi. Baba kuma ya ce mutumin da ya yi rayuwarsa a kan sitiyari ba kwanon roba ne zai gagare shi ba. Har yau ban gane dalilin da ya sa suka yarda ba.

Da safe muka isa bakin kogin. Jagorarmu wata mata ce doguwa, rana ta ƙona mata fuska, ta ɗaura wa kowa rigar ceto, ta ba mu filafili mai baki biyu. Ta bayyana mana cewa na baya shi ke juya kwalekwalen, na gaba kuma shi ke ganin hanya, saboda haka sai na gaba ya riƙa faɗa wa na baya inda dutse yake. Ina jin haka na kalli Auta, ya kashe mini ido. Baba bai jira ta gama ba ya ɗare kujerar baya. Mama ta zauna a gaba, ta buɗe ƙatuwar lemarta ta ruwan sama don rana, ta tare masa kogin gaba ɗaya.

Abin da na gani daga nan, ban san ko dariya zan yi ko kuka ba. Baba ya ɗauki kogi titi. Kowa yana bin tsakiya inda ruwa ke da zurfi, shi ya nace sai ya riƙe hannunsa, yana bin gefe inda ciyawa take. In zai juya sai ya saki filafili ya miƙa hannu ya ba da sigina, kafin ya sake kamawa ruwa ya juya su sun fuskanci inda muka fito. Mama kuwa gefe ɗaya kawai take tuƙawa, da hannu ɗaya, don ɗayan na riƙe da lema. Haka suka yi ta kewaya wuri guda kamar kaza a tsakar gida. Maimakon su yi wa juna magana, sai Mama ta ƙwala mini kira daga can, wai in gaya wa babana akwai kututture a gaba. Kafin in faɗa sun riga sun buge shi. Baba ya ɗaga murya wai in gaya wa mamata direba ba ya tuƙi ba gilashin gaba. Tsakaninsu bai fi taku ɗaya ba, ni ina can nesa ina ihu ina isar da saƙo, baƙin da muke tare da su suna kallona kamar ni ce mai taɓin hankali.

A ƙauyen farko, na masu gina tukwane, aka ba mu shayi da burodi a ƙarƙashin wata rumfa. Mama ta je ta zauna cikin matan tana yaba musu hannu, Baba ya tsaya can yana duba ƙasan kwalekwalen wai ko akwai inda ya karkace. Jagorar ta ja ni gefe ta tambaye ni ko iyayena ba sa jin yaren juna ne. Na ce mata ni ce 'yar aikensu. Ta ce to, a kogo ba wurin ɗan aike, don hanyar matsattsiya ce, ɗaya bayan ɗaya ake shiga, sai kwalekwalen gaba ya fita sannan na baya ya taso, kuma murya tana amsa kuwwa har ba a gane ta. Ta ba da shawarar a raba su. Ni na yarda nan take. Da na gaya wa Mama, sai ta ce ita ba ta canza wurin zama a tsakiyar tafiya. Baba ma ya ce bai taɓa sauke fasinja a hanya ba.

Bakin kogon ƙasa-ƙasa yake, sai mutum ya sunkuya. Aka ba mu hular kwano mai fitila, aka karɓe lemar Mama. Ni da Auta muka riga su shiga. Ciki sanyi, duhu, ruwa na ɗiga daga sama, jemagu na motsi, ga lanƙwasa biyu masu wuya da sai da muka tura bango da hannu kafin muka wuce. Muka fito ɗaya gefen muka jira. Muka yi ta jira. Ba motsi, ba murya. Na fara karanta duk addu'ar da na sani, ina zagin Auta a tsakani. Jagorar ta juya za ta koma ciki ke nan sai ga hasken fitila. Yaya, ki riƙe kujerarki: Mama ce a baya tana tuƙi, Baba a gaba. Dukansu jiƙe sharkaf har wuya, takalmin Baba ƙafa ɗaya babu, kuma kwalekwalen na tafiya sambal. Yadda mutum biyu masu shekarunsu suka canza wuri a cikin wannan duhun, a cikin abin da ko tari ka yi sai ya girgiza, ban sani ba. Jagorar ma ta ce ba ta taɓa gani ba. Na tambayi Mama me ya faru, ta ce in kula da gabana. Na tambayi Baba, ya ce ruwan ba zurfi.

A ƙauye na biyu Baba ya ɓace mana. Can sai ga shi yana ɗingishi da takalmi ƙafa ɗaya, rungume da wani ɗan tsiro a cikin gwangwani, wai wani mai lambu ne ya ba shi. Ya zo ya ajiye a gaban Mama. Na gyara tsayuwa ina jiran saƙo, kamar yadda na saba. Mama ta murza ganyen ta shinshina, ta ɗaga ido ta dube shi, shi kansa ba ni ba, ta ce masa wannan ai gwaiba ce, mutum ya yi shekaru yana shan inuwar lemo bai san ganyensa ba. Baba ya ce shi direba ne ba manomi ba. Shi ke nan abin da suka faɗa. Ban sani ba ko faɗa ne ko sulhu, amma ta riƙe gwangwanin a cinyarta har muka iso gida.

Bayan mun dawo kaina ya ƙara ɗaurewa. Sun daina aike na, amma kuma ba hira suke yi a gabana ba. Tsiron yana kan taga, Mama na ba shi ruwa, akwatin kuma yana nan a bakin ƙofa ba wanda ya taɓa shi. In na shiga falo sai su yi shiru, ni kuma in tsaya kamar baƙuwa. In gaya miki gaskiya, har wani kaɗaici na ji, don na saba a neme ni.

Yau da safe ina kicin ina dafa shayi na ji ana jan abu a falo. Na ce shi ke nan, tafiyar ta zo. Na leƙa ta labule na ga Baba ya kama hannun akwatin na gaba, Mama ta kama na baya, sun ɗaga shi da ƙyar. Ƙofar waje na hannun dama, ɗakinsu na hannun hagu. Baba ya tsaya bai waiwayo ba, ya tambaye ta ina za a yi. Mama ta dubi ƙofar waje. Sannan ta ce masa hagu, kuma ya yi a hankali kada ya buge mata bango. Na koma kicin na zauna a kan buhun shinkafa na yi kuka har shayin ya ƙone. Saboda haka, Yaya, kada ki gyara ɗakin.

Ki gaishe mini da maigidanki da kyau, da 'Yan Biyu, da Sarkin Rigima, ki ce masa ina nan ina ɗinka masa rigar da na yi alkawari. Gwaggo da Auta suna gaishe ki. Mama ma tana gaishe ki, kuma Baba ne ya leƙo ya faɗa mini. Allah Ya sada mu da alheri.

Taki har kullum,
Ƙanwarki mai keken ɗinki