An Sauke Zakarun Kuza

Tudun Wada, Jos
Oktoba, 1978

Zuwa ga uwargidana Zinariya,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kina lafiya. Yaya jego, yaya jaririyarmu? Ki gaishe min da Baba da Inna da dukkan mutanen gida a Bauci.

Na san kin ji a rediyo mun ci wasan ƙwallonmu na ƙarshe, mun tsira a rukuni na ɗaya. To, murnar ba ta daɗe ba. Hukumar gasa ta turo masu binciken kuɗi, suka tarar kamfanin haƙar kuza da ke riƙe da ƙungiyarmu ya janye hannunsa tun da damina, manaja ya ɓoye mana. Dokarsu ta ce ƙungiyar da ba ta da mai tsaya mata za a zaftare mata maki. Aka zaftare, muka faɗa rukuni na biyu, waɗanda muka lallasa a fili kuma suka zauna a gurbinmu.

Kamfanin ya karɓe motarsa, har da rigunan wasa. A matsayina na kyaftin, ni na tara 'yan wasa na faɗa musu. Zinariya, ban taɓa jin nauyin bakina irin na ranar ba. Nwabueze, golanmu, wanda ba ya tsoron ƙafar kowa, ya zauna a ciyawa yana kuka. Mun dai ɗaukaka ƙara. Ki sa mu a addu'a.

Naki,
Jika

Nuwamba, 1978

Zinariya tawa,

Gaisuwa da fatan alheri. Wasiƙarki ta iso. Na gode wa Baba da ya ce in bar ƙwallo in zo mu riƙe shagon goro tare. Wata ƙungiya a Kaduna ma ta aiko tana nemana, har da alkawarin gida. Ba zan ɓoye miki ba, raina ya biya.

Sai dai abin da ke faruwa a nan ya hana ni motsi. Madam Cordelia, mai sayar da atamfa a kasuwar Taminus, ita ta fara bi rumfa-rumfa tana cewa ƙungiyar ta 'yan gari ce, ba ta kamfani ba. Alhaji Usumanu dillalin shanu ya shigo, direbobi da mahauta suka biyo baya. Sun kafa kwamiti, sun sa hannu za su riƙe mu. Faɗansu ɗaya kawai, launin sabuwar riga: Madam na son ja, Alhaji ya kafe a kan kore. Ishaku tela ya gaji da su, ya ɗinka rabi ja rabi kore.

A motar shanun Alhaji muka je Kaduna zaman ƙara. Mun shiga gaban manya muna warin garke, amma an saurare mu. An ce mu jira hukunci.

Naki har kullum,
Jika

Fabrairu, 1979

Uwargida,

Ina gaishe ki, ina gaishe da 'yar tawa da aka ce ta fara zama.

Ƙararmu ta faɗi. Sun ce masu tsaya mana sun zo a makare, za mu yi shekara a rukuni na biyu. Amma sun amince da kwamitin 'yan kasuwa, ƙungiya ba za ta rushe ba. Na ji zafi, don a fili muka ci haƙƙinmu. Washegari na aika wa ƙungiyar nan ta Kaduna cewa ba zan zo ba. Ki ba Baba haƙuri, ya ƙara min shekara guda.

Ran Asabar muka buga wasan farko a wani fili da ko katanga babu. Na zaci mu kaɗai za mu je. Da muka sauka daga mota, sai na ga mutanen unguwannin Tudun Wada da Kongo-Rasha sun kewaye filin, wasu a kan duwatsu, an rufe rumfuna da rana tsaka saboda mu. Mun ci biyu da nema, ta biyun da kaina na sa ta.

Kwamiti ya ce in riƙa koyar da ƙananan yara ƙwallo bayan wasa, da albashina. Don haka ki fara haɗa kaya. Ranar Juma'a mai zuwa ina tafe da kaina in ɗauko ku, kuma na roƙi Alhaji ya sa a wanke motar.

Ni ne mijinki mai kewarki,
Jika