Gamba Ta Ba da Shaida

Laraba da dare, farkon damina, Fulatan

Yau alƙali ya zo da kansa ya ga hanyar rafi, wadda muka shigar da ƙara a kanta da sunan mutanen gari duka. Tun da wani Alhaji ya sayi gonar da hanyar ta ratsa ya zagaye ta da waya, sai mata sun yi dogon zagaye kafin su ɗebo ruwa. Lauyansa ya dage wai ba a taɓa yin hanya a wurin ba, mu kawo takarda. Wace takarda? Kakanninmu gamba suke dasawa a kan iyaka.

Da rani ya sa tarakta ta share gambar tas, amma ruwan makon jiya ya tona asiri. Baba Ɗanlami, dattijon garinmu, ya ɗaga sandarsa ya ce, "Ranka ya daɗe, duba can." Ga gamba ta tofo a cikin wayar, layi biyu, kore shar, daga bakin gari har gangaren rafi. Alƙali ya daɗe yana kallo, sannan ya yi rubutu.

Ni kuwa hankalina ya tafi. Sai ga Inna, Allah ya jiƙanta, tana tafe tsakanin layukan da tulu a ka, ina riƙe da bakin zanenta. Sai da lauyarmu ta kira sunana sau biyu na dawo.

An ɗage shari'ar zuwa bayan girbi. Amma tun magariba nake jin sanyin raɓar hanyar nan a ƙafata.