Tsohuwar Nan Mai Koma, Inna

Zuwa ga Innata,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina cikin rahamar Ubangiji. Ni ce 'yarki Habi, daga Karofi. Da hannuna nake rubutun nan. Ajin yaƙi da jahilcin da kika ce zai kashe mini ido, ga shi bai kashe ba.

Kin tuna ranar da motar majigi ta zo Dutsin-Ma, muka ajiye ƙoren nono wurin Hajiya Ladi muka kutsa cikin taro? Wani gari aka nuna a bakin teku, wai a ƙasar Sifen. Da farko masunta ne da jiragensu na katako, da jaki, da wata tsohuwa tana gyaran komar kamun kifi. Kafin a jima sai ga benaye sun tsiro, ga Turawa kwance a kan yashi kusan tsirara. Kika ɗauka annoba ce ta kayar da su, kika rafka salati. Mutane suka kwashe da dariya, ni kuwa kunya kamar in nutse.

Mai bayani yana ta cewa wannan shi ne ci gaba. Ke kuma har muka iso gida abu ɗaya kike maimaitawa: "Tsohuwar nan mai koma, ina aka kai ta?" Na ce miki hoto ne kawai. Ki yafe mini.

Inna, makon jiya wani Alhaji ya zo da mota da masu awo, suka kafa turaku tun daga fadamarki har mashayar shanunmu. Wai masaukin baƙi zai gina a bakin ruwa, baƙi su riƙa zuwa suna sayen nononmu. Yaya Sale har ya fara washe baki. Ni dai mutumin bai kwanta mini ba. Murmushinsa ya yi yawa, kuma ko sau ɗaya bai tambayi inda shanu za su sha ruwa da rani ba.

Gobe za a kawo takardar cinikin filin, ana so in dangwala yatsa kusa da na Yaya. Zan karanta ta da kaina, a hankali, sannan in yi wa Alhajin tambayarki. In bai faɗa mini inda aka kai tsohuwar nan ba, yatsana ba zai taɓa tawada ba.

Ina kewarki ƙwarai, Inna. Allah ya haskaka makwancinki, ya tsare mana ruwan da kika bar mana.

Taki har abada,
Habi