Abin da Hular Labari ta Nuna wa Hayatu

Garwa, ranar Lahadi

Zuwa ga matata Yagana,

Assalamu alaikum. Ina fatan kin isa Kusiri lafiya, kin samu jikin Baba da sauƙi. Allah ya ƙara afuwa, amin. Yaya yarinyar? Nan ma lafiya lau, sai kewar miyarki. Tuwon da nake saye a bakin kwata, ko kare sai ya yi shawara kafin ya ci.

Bayan tafiyarki wani Joël ya buɗe shago kusa da babbar kasuwa da wata na'ura. Shi yana ce mata kaske, mu kuwa hular labari. Mutum zai sa ta ya ba da labarinsa, ta naɗe. In wani ya sa, sai ya ga abin da mai labarin ya gani, ya kuma ji abin da zuciyarsa ta ji a ranar. Na gwada labarin wani mafarauci daga garin Poli, wallahi sai da na ja da baya don tsoron ɓauna, ni da ke kayar da bijimai kullum.

Kin san abin da ya faɗo mini. Tunda nake, Inna ba ta taɓa kiran sunana ba, "wannan" take ce mini. Kowa ya ce kunyar ɗan fari ce, son yana ciki a rufe. Ƙanena Bobbo shi ake lallashi, ni ke aika tsoka daga kwata. To, zan kai ta ta ba da labarin ranar da kwalekwale ya kife da mu a kogin Binuwai ina yaro. Ko sau ɗaya ne in ɗanɗana abin da take ɓoye mini. Kada ki yi mini dariya, gemu ba ya hana mutum son uwarsa.

Mijinki,
Hayatu

Garwa, ranar Alhamis

Yagana,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kuna lafiya, Baba kuma yana samun ƙarfi.

Na kai ta. Joël ya yi mata bayani da Fillanci cewa hular ba ta rufa asirin zuciya. Ta ce ta gane, ta gyara ɗankwali ta sa, ko gardama babu.

Da ta gama na sa, na zama Inna. Ga ruwa har wuya, ga Bobbo a goye, ga ni ina riƙe da hannunta. Tun ina ƙarami an ce mini ruwa ne ya fizge ni. Yagana, ba ruwa ba ne. Ita ta ɓamɓare yatsuna daga hannunta, a natse. Na jira in ji zuciyarta ta tsinke, sai na ji sakayau, kamar wadda ta sauke damin itace. Da wani masunci ya fito da ni ina aman ruwa, mata suna ta hamdala, ta sunkuyar da kai. Suka ce ku dubi kunya irin ta mutanen kirki. A cikinta kuwa takaici ne zalla, wai ashe bai tafi ba.

Na nemi dalili a cikin hular ban samu ba. Ban yi mata komai ba. Ba ta sona ne kawai, kunyar kuma ta samu inda za ta fake.

Ina cire hular ta dube ni ido cikin ido, ta kira ni Hayatu, ta ce in tsayar mata da mashin, rana ta yi. Sunan da na shekara da shekaru ina jiran ji a bakinta ke nan. Yanzu yini take kiransa, har a gaban baƙi, tunda ba sauran abin ɓoyewa. Bobbo har barka ya yi mini, wai Inna ta sake da ni. Na yi kuka a bayan kwata kamar yaro, kuma yau ma na aika mata tsokarta.

Naki,
Hayatu

Garwa, ranar Talata

Yagana,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, wasiƙarki ta same ni. Na gode da lallashi, Allah ya bar mu tare.

Kin ce 'yarmu ta fari ta ji labarin hular, tana ɗokin ku dawo in naɗa mata ranar da aka haife ta, tunda ni ma ban taɓa kiran sunanta ba. Na koma ranar nan a raina, na juya ta, na sake juyawa. Na tuna an ce mini mace ce, na tuna na ci gaba da fiɗa. Abin da na ji a lokacin, wallahi ban tabbata ba, kuma ba zan bar hula ta riga ni sani ba.

In kun dawo kada ki bi da ita ta gaban shagon nan. In ta matsa, ki ce mata kunya ce.

Ki gaishe da Baba.

Mijinki,
Hayatu