Surukina Ya Sayar Mini da Kamfani Haɗe da Sammaci

Kaka, ki taimake ni da shawara kafin zuciya ta sa ni abin da zan yi nadama.

Mahaifin matata ne mai ɗan kamfanin da ke ja wa gidaje wayar intanet a unguwarmu. Da ciwon gwiwa ya hana shi hawa tsani, sai ya ce in saya, wai gara ni da bare. Na sayar da motata, na haɗa da ɗan abin da na tara, na ba shi. Ban tambayi ko akwai bashi ba. Ta yaya zan dubi idon mutumin da ya ba ni 'yarsa in ce ya kawo rasit?

Wayoyinmu a kan falwayoyin kamfanin lantarki suke, kuma kowace ana biyan hayarta duk shekara. Ashe tsohon ya daɗe da daina biya, wasu ma ya ɗaura musu waya ba izini. Ni kuwa don ɗoki, ina karɓar makulli na sayi jan fenti, na bi layi-layi ina rubuta sunan shagona da lambata a jikin duk falwayar da wayarmu ta ratsa. Hotunan rubutun nan ne lauyan kamfanin lantarki ya baje gaban alƙali. Rubutuna ne, ba wanda ya sa ni.

Sun ce ko in biya tsohon bashin duka, ko su yanke wayoyin. Lauyana ya ce sai dai a jawo surukina cikin shari'ar. Na same shi a tsakar gida, na durƙusa na faɗa masa. Ya ce shi ya sayar ya wanke hannu, ya ƙara wa rediyonsa murya. Matata kuma ta ce ranar da sammaci ya shiga gidan ubanta, ranar za ta haɗa kayanta. Ya san abin da ya sayar mini, Kaka. Wallahi ya sani.

Mai Jan Fenti

Kai jikana, sannu da aikin fenti! Mutane na ɓuya wa bashi, kai ka bi shi da gwangwani da buroshi, har da lambar waya don kada a sha wahalar nemanka.

To, dariya ta ƙare. Surukinka bai kyauta ba, kuma ba zan shafa masa mai ba. Sai dai na san tsofaffi, don ni ma ɗaya ce: ƙila kuɗinka sun tafi asibiti, kunya ce ta koma masa taurin kai.

Ni karatuna bai kai na lauya ba, amma ka tambayi naka: kamfanin ka saya ɗungurungum, ko kayan aikinsa kawai? Ka sa shi ya nemi sulhu kafin zama na gaba. Ka biya hayar lokacinka, ka nemi izinin falwayoyin da ba su da shi, tsohon bashin kuma a ware shi gefe. Masu falwaya haya suke so, waya yankakkiya ba ta kawo musu ko sisi.

Surukinka kuwa, kada ka sake zuwa kai kaɗai. Ka samo yayansa ko amininsa, ku zauna, ya amsa a rubuce cewa bashin na zamaninsa ne, ko da kaɗan-kaɗan zai biya. In ya ƙi, bar lauya ya yi aikinsa.

Amma matarka ta ji daga bakinka, a ɗaki, kafin ɗan aiken kotu ya buga ƙofar ubanta. Za ta yi fushi, ƙila ma ta tafi, ba zan yi maka ƙarya ba. Ka dai tuna mata cewa 'ya'yanta daga wayoyin nan suke ci, kuma jikokin tsohon ne su ma.

Allah ya sanyaya maka zuciya, ya ba ka mafita.

Kakarku