Reshen da Ya Faɗa Ɗakin Tomasa

Villarrica, Paraguay

Zuwa ga 'yata Nidia,

Ina miƙo miki gaisuwa mai yawa daga gida, da fatan takardar nan za ta same ki lafiya, ke da mijinki Arnaldo da jikata Luz, wadda har yau a hoto kawai na san ta. Allah ya tsare ku a ƙasar mutane, ya sa sanyin Madrid bai tayar miki da tarin nan naki ba. Ni lafiya lau nake in ban da gwiwa. Kawunki Isidro ya sayar da shanunsa ya koma wajen ɗansa, gida kuwa yana nan yadda kika bar shi, shiru ne kawai ya ƙaru.

Na zaɓi rubutu ne saboda a waya katse ni kike yi. Kin san iska ta karya reshen mangwaron da marigayi babanki ya dasa, ya tsallaka katanga ya faɗa ɗakin kwanan Tomasa, uwarki ta baftisma, ya rusa rufin ya karya mata ƙugu. Kin kuma san ɗanta Derlis ya nemi diyya a kamfanin inshorar da kike biya wa gidan nan. Sauran ne ba ki sani ba.

Kamfanin ya turo wani mutum mai suna Cáceres, takalminsa ya fi farantina tsafta. Ya ce inshorar kashi biyu ce: ɗaya don ɓarnar da ta sami gidana, ɗaya don ɓarnar da gidana ya yi wa wani, kuma ta biyun ba a biya sai bincike ya nuna alhakin a kaina yake. Ya ce ita diyya ba riba ba ce, mayar da mutum ake yi yadda yake kafin abin ya faru. Sannan ya ja min kunne: kada in amsa laifi da bakina, kada in ba da haƙuri, kada in kai wa Tomasa ko ƙwai ɗaya sai sun gama, in ba haka ba kamfani yana iya zare hannunsa, Derlis ya biyo ni ni kaɗai, har gidan ya tafi. Na ce masa to ɗan nan, sannu fa, ita ma kuɗi ce? Ya ce gara a bar ta tukuna. Da kika kira kika ce in bi maganarsa, sai na bi.

Nidia, kaɗaici ya ci ni. Tun kina goye, duk la'asar ni da Tomasa muke zama a inuwar reshen nan ta ɓangarenta muna shan terere, shayinmu na ganye mai sanyi, a ƙaho ɗaya, in zuba in sha, in zuba in miƙa mata. Yanzu sai in fasa ƙanƙara in jiƙa ganye in zauna a baranda, in sha nawa, in sake cikawa, hannuna ya miƙe da kansa, babu mai karɓa. Ko da babanki ya rasu ban ji gidan ya yi min faɗi haka ba, don a lokacin ita ce take shigowa ba sallama tana yi min faɗa a kan ban ci abinci ba. Motar hayar da take zuwa asibitin da Tomasa take kwance tana wucewa ta ƙofata, ni kuwa ina laɓe bayan labule kamar ɓarauniya.

Ranar Lahadi Derlis ya tare ni a bakin coci, ransa a ɓace. Ya ce in yi murna, uwarsa ta wanke ni tas. Wai da Cáceres ya je asibiti, sai ta ce masa ya rubuta da kyau: bara ni Fidelina na kawo mai zarto zai sare reshen, ita Tomasa ce ta kore shi da tsintsiya, don ba mahalukin da zai raba ta da inuwarta. Gaskiya ta faɗa, haka aka yi. Kamfani kuwa ya ce tunda ita ta hana, babu alhaki a kaina, babu diyya. Derlis ya ce ba shi da halin gyara rufi da ɗaukar mai jinya, don haka Asabar zai kai ta babban birni Asunción, gidan bene, inda ba ta san kowa ba. Har ya juya zai tafi ya ƙara da cewa tambaya ɗaya uwarsa ta yi wa Cáceres, wai Fidelina ba ta da lafiya ne, don ciwo ne kaɗai zai hana ta zuwa.

Ban koma gida ba, asibitin na nufa da kayan coci a jikina. Tana ganina ta ce, a'a, tsohuwar banza, ashe kina raye, ni har na fara tunanin wace riga zan sa wajen jana'izarki! Na ba ta haƙuri da ƙarfi a gaban nas-nas, ban damu ko Cáceres yana ƙarƙashin gado ba. Na ce mata wace irin sakarya ce za ta zubar da haƙƙinta da bakinta. Ta ce sakarya ita ce mai barin ɗan yaro mai turare ya koya mata gaisuwa. Muka yi dariya, sannan ta riƙe hannuna ta ce tsoron Asunción take ji. Ban taɓa jin ta ce tana tsoron wani abu ba.

To ga dalilin takardar. Na ce wa Derlis ya kawo ta gidana, ɗaki yana nan a ƙasa, ba matakala, ni zan yi jinyarta. Ya ce zai gwada ya gani. Ɗakinki nake nufi, Nidia. Tun tafiyarki nake share shi ina canza zanen gado, duk Kirsimeti ina cewa bana za ki zo. Ban ga laifinki ba, kin yi gida a can, kuma da guminki nake ci. Amma jiya na kwashe littattafanki da rigunanki na jera a akwati, na sa magani kada asu ya ci, na ajiye a ƙarƙashin gadona. Sai da na rufe akwatin na zauna na yi kukan da na daɗe ina ajiyewa. Mutumin inshorar nan ya ce aikinsu mayar da mutum yadda yake a da. Ni dai babu kamfanin da zai iya, don haka na riƙe wadda ta rage min.

Ki gaishe min da Arnaldo, ki sumbaci Luz, ki ce mata kakarta tana da mangwaro. Kawunki Isidro yana gaishe ki. Tomasa ta ce a gaya miki katifarki ta yi laushi da yawa, tun ba ta kwanta a kai ba. Duk ranar da Allah ya kawo ki, gadona zai ɗauke mu mu biyu, kamar lokacin da kike ƙarama.

Taki har kullum,
mahaifiyarki,
Fidelina Benítez